Shagon irin da ya tambaye ni wacce wuta-wutar nake nufi

Masu tambayata inda na samo irin masara da na wake da na shuka bana a gonarmu ta hanyar Alkaleri, to ga amsarku nan gaba ɗaya don wallahi na gaji da maimaitawa. Wani ɗan shagon kayan noma ne a gefen kasuwar Muda Lawal nan Bauchi, ba zan kama suna ba saboda akwai abin yabo akwai kuma abin kushewa, kuma ba wanda ya biya ni. In maki kuke so huɗu na ba su cikin biyar.

Abin da ya sa suka ci huɗun nan tambaya ce guda ɗaya. Duk wanda ya taɓa shiga shagon kayan feshi ya ce a ba shi maganin wuta-wuta, ciyawar nan mai kashe amfanin gona, ya san yadda ake yi, kafin ka rufe baki an miƙo maka kwalba an faɗi kuɗi. Shi dattijon nan mai shagon da na ce "Baba Alhaji maganin wuta-wuta nake nema" ko motsi bai yi ba, sai ya ce "Malam wacce daga ciki, ta dawa ko ta wake, kuma furenta wane launi ne?" Daga nan ya sa yaro ya ba ni benci muka shiga zance.

Gaskiyar magana sunan nan ya rikita mutane da yawa, don ba ciyawa ɗaya ake kira da shi ba. Wadda kowa ya sani ita ce ta dawa da gero da masara, mai tasowa ta kai gwiwa ko ta wuce, furenta ruwan hoda mai haske yana jere a saman tsinke, in damina ta ja baya wajen Satumba zuwa Oktoba ka bi hanyar Alkaleri ko Darazo zaka ga gona guda ta yi jajir da ita abin sha'awa, baƙo ɗan birni har tsayawa yake ya ɗauki hoto ya sa a Facebook, mai gonar kuwa shi ya san abin da ke cinsa. Akwai kuma ta wake, gajeriya ce mai rassa a cunkushe, ganyenta ma da ƙyar ake gani, furenta ƙanana shunayya-shunayya wani lokaci ya ɗauko fari. Sannan ga wata mai fure ruwan ɗorawa da ita ma wake take kamawa, asali ma ba jinsinsu ɗaya da waɗancan ba, amma mu a ƙauye duk mun tattara mun ce wuta-wuta. To ta dawa ba ta cin wake, ta wake kuma ba ta cin dawa, kun ga kenan wanda ya sayar maka da kaya bai tambaye ka wacce ba, kuɗinka kawai yake so.

Sunan kuma ba don jan furen aka sa mata ba kamar yadda wasu yara ke zato. Je ka dubi dawar da ta kama, ganye ya yi rawaya ya naɗe ya bushe daga baki-baki, kara ya tsumbure, kai ka ce gobara ce ta bi ta kunyar alhali ƙasa a jiƙe take sharkaf, to wutar kenan. Tsofaffinmu sun fi cewa ƙuduji, wasu su ce gaugai, wasu makasa ko makasar dawa wanda shi ba ya buƙatar wani bayani, Fulanin da muke maƙwabtaka da su kuma duuli suke cewa. Malaman gona Striga suke rubutawa, kuma wannan ne sunan da zaka gani a jikin ledar iri, saboda haka ku riƙe shi ko don karanta leda. Baba Alhaji duk ya san sunayen nan, ina zaune wani Bafulatani ya shigo daga wajen Kirfi ya faɗi nasa sunan, nan take ya gane, bai tsaya yi masa dariya ko gyara masa baki ba. Wannan ma wani abu ne, don akwai shagunan da in ba ka faɗi sunan kemikal da Turanci ba kallon baƙauye ake maka.

Sai ya faɗa min abin da ban so ji ba, wai babu kwalbar da zai ba ni ta gama da ita, duk wanda ya ce min akwai to ƙarya yake. Dalili kuwa ɓarnar a ƙarƙashin ƙasa ake yinta. 'Ya'yanta sun fi ƙwayar yashi ƙanƙanta, tushe ɗaya yana zubar da dubbai masu yawa, kuma suna iya kwanciya a ƙasa sama da shekara 10 suna jira, ba su tsirowa sai sun ji wani ruwa da saiwar dawa ko masara ke fitarwa, da sun ji sai su tsiro su liƙe wa saiwar su dinga tsotse ruwa da abinci makonni kafin ma kai ka ga ko ganye ɗaya a sama. Lokacin da furen nan mai kyau ya buɗe an riga an gama da kai, abin da ya rage kawai ka hana ta zubar da sabbin 'ya'ya don baɗi. Ya ce shi ya koyi wannan ne tun lokacin shirin da cibiyar binciken noma ta ƙasa da ƙasa wato IITA ta fara a 2011 na yaƙi da wuta-wuta a jihohin Bauchi da Kano, lokacin da ake gonakin gwaji manoma na zuwa kallo, tun daga nan ya daina yi wa mutane alkawarin banza.

Abin da ya sayar min iri ne kala biyu. Na masara SAMMAZ 15, fara ce, daga cibiyar binciken noma ta Samaru Zariya ta fito, shi ya sa ma sunan ya fara da SAM. Na wake kuma SAMPEA 10, shi ma fari.

Masarar dai alhamdulillahi. Amma ku fahimta, jurewa take ba wai kore ciyawar take ba, wuta-wutar ta fito a gonar kuma na ganta da idona musamman ta ɓangaren jigawa inda ƙasar ta gaji, sai dai masarar ba ta tsumbure ba, ta yi goyo mai kyau, yayin da ta maƙwabcina da ya ɗebo iri daga rumbu ko ƙugu ba ta kai ba a wasu wuraren. Kuma da yake ba irin haɗi ba ce irin wadda dole ka sayi sabuwa duk shekara, zaka iya ware zangarku masu kyau daga tsakiyar gona ka ajiye ka sake shukawa, ko da yake ya ce kar in ja abin da nisa, bayan 'yan damina in dawo in sabunta. Tuwonta ma mutanen gida basu yi ƙorafi ba, kuma kun san in da matsala da na ji.

Waken ya fi ba ni mamaki, don a wurin da wakenmu na gida ke ƙonewa duk shekara shi ko a jikinsa, tsiron ciyawar da na gani a kunyoyinsa bai taka kara ya karya ba, kuma ya nuna da wuri. Inda zai ba ka haushi a kasuwa ne, ƙwayarsa ba ta kai girman kanannado ba, su kuma masu saye ido suke bi, da sun damƙa sun ga ƙanana sai su fara rage maka kuɗi. Harawarsa ma ba ta kai ta mai yaɗo yawa ba, wanda ke noman wake don dabbobi ya yi lissafi tukuna. Ni dai na ci ne da na ƙosai, ya yi min.

Wani abin da ya burge ni, shawarar da ba ta kawo masa ko sisi ita ya fi daɗewa a kai. Ya ce in raba gonar, ɓangaren da abin ya fi tsanani kar in sa hatsi, in sa waken suya ko gyaɗa ko auduga, saboda saiwarsu ma tana sa 'ya'yan su tsiro amma ba sa iya kama ta, sai su mutu cikin 'yan kwanaki, a haka ake rage su a ƙasa shekara bayan shekara. Ya ce in zuba takin gida iya ƙarfina in ƙara da yuriya a kan lokaci saboda wuta-wutar ta fi ƙarfi a gonar da ta gaji. Sannan cirewa da hannu, amma kafin fure ya zama 'ya'ya, a tara a fitar a ƙona, ba a tuge a yar a cikin kwari ba kamar yadda 'yan ƙwadago ke yi in ba ka wurin, kuma kar a ba dabbobi wadda ta riga ta yi 'ya'ya don takin zai dawo maka da ita gona. Har garmar shanu da ta tarakta ya ce in lura, in an gama huɗa a gonar da ke da ita aka shigo taka to an kawo maka tsaraba. Mutumin da ke da kwalabe cike da kanta ya zauna yana koya maka tuge ciyawa da hannu, ai kun san ba kullum ake samu ba.

To yanzu makin da na cire.

Yaron shagon matsala ne babba. Na koma ƙaro irin wake na tarar Baba Alhaji ya tafi masallaci, ina tsaye wani bawan Allah ya zo da irin tambayata, yaron nan ya ɗauko maganin ciyawa na feshi mai suna 2,4-D ya ce masa "Baba wannan kana fesawa an wuce wurin". Eh gaskiya ne 2,4-D yana kashe wadda ta riga ta fito sama kuma yana hana ta yin 'ya'ya a gonar dawa ko masara zalla, amma ba ya dawo da abin da aka riga aka tsotse, kuma mafi muni bai tambayi mutumin ko akwai wake a cikin dawar ba, alhali yawancinmu a nan gauraye muke shuka, kuma maganin nan duk mai faɗin ganye yake bi, wake da gyaɗa da riɗi da kuɓewar da uwargida ta sa a gefe duk zai kwantar. Sai da na sa baki na ce ɗan'uwa tambaye shi mana me ya shuka, ashe kuwa da wake a ciki. Da dattijon ya dawo na faɗa masa, ya yi wa yaron faɗa a gabana, amma faɗa ɗaya ba ya koyar da sana'a, kuma ba kullum ne za a samu mai sa baki a tsaye ba.

Na biyu, suna farke babban buhun iri suna aunawa da mudu ga wanda kuɗinsa bai kai na leda ba. Na gane taimako ne ga talaka, amma da zarar an farke ba ka da wata shaida cewa abin da aka ce maka shi ne a ciki. Ni ledar da ke rufe na saya, mai tambarin hukumar kula da ingancin iri ta ƙasa wato NASC, da ɗan sitikan nan da ake kankarewa a tura lambar ta waya a tabbatar. Ku ma ita zaku nema ko da ku biyu ne zaku haɗa kuɗi ku raba. Rasit kuma sai ka roƙa, shi ma a bayan wata takarda aka rubuta min.

Shagon kansa matsattse ne, warin kemikal na hawa kai, kuma ledojin iri na jingine kusa da ƙofa inda ranar Bauchi ke dukansu da hantsi, wanda bai dace da iri ba sam. Nawa dai ya tsiro lafiya, amma na gwada tukuna, na sa 'yan ƙwayoyi a jiƙaƙƙen tsumma na ga yawancinsu sun fasa kafin na kai gona. POS ɗinsu kuma rabin lokaci ba netwok, ku riƙe tsabar kuɗi ko ku shirya taransifa.

Kuɗin irin ya fi na masarar da zaka auna a kasuwa nesa ba kusa ba, wannan kar ma ku yi mamaki, kuma ba ya ragi sosai, in ka matsa sai ya yi murmushi ya ce "Malam je ka zagaya ka dawo". Ban faɗi farashi ba don kafin ku je ya canza. Kayan kuma ƙarewa suke da wuri, wanda ya jira sai ruwa ya zauna a Yuni zai tarar da kwalabe ne kawai da yaron nan, ku je tun Afrilu ko farkon Mayu, kuma ku daidaici safiya ko bayan la'asar lokacin da mai shagon ke zaune da kansa. In ba ku tabbatar da wacce ce a gonarku ba ku ɗauki hoton furen a waya tun bana ku ajiye ku nuna masa, kar ku tugo ta ku shigo da ita mota tana zubar da 'ya'ya a hanya.

Abin da ban samu a wajensu ba shi ne irin dawa mai jure ta, kuma ita ce ta fi damun mutanenmu don kaura da farfara su ne abincin gida. Ya ce yana nema. Wanda ya san inda ake samun mai tambari a Bauchi ko Gombe don Allah ya sanar da ni kafin ruwa ya sauka.