Sharhi kan The Keepers, shirin binciken kisan Sista Cathy

A yawancin shirye-shiryen binciken kisan kai da ke Netflix, makashin ne ango. Shi ake haskawa, tarihinsa ake bi tun daga yarinta, wanda aka kashe kuwa sai a nuna hotonsa a wuce. The Keepers, shiri mai kashi bakwai da darakta Ryan White ya fitar a 2017, bai bi wannan hanyar ba.

Labarin Cathy Cesnik ne, sista a cocin Katolika kuma malamar Turanci a makarantar 'yan mata ta Archbishop Keough da ke Baltimore a Amurka. Ta ɓace ranar 7 ga Nuwamba 1969 tana da shekara 26, aka tsinci gawarta a watan Janairun 1970. Waɗanda suka ɗauko binciken a shirin ba 'yan sanda ba ne, tsofaffin ɗalibanta ne mata biyu, sun riga sun manyanta, suna bin takardun kotu da tsofaffin jaridu, suna tattara bayanai ta Facebook.

Abin da ya fi kama ni shi ne yadda aka zauna da matan da suka ce limamin makarantar, Fada Joseph Maskell, ya yi lalata da su suna 'yan mata. Ba a katse su. Mace za ta yi shiru ta rasa ta cewa, kyamara ta jira ta. Ba a sa 'yan wasa sun kwaikwayi ta'asar dalla-dalla don a tsuma mai kallo ba. Ana nuna su cikin iyalansu, har da dariyarsu, ka san mutane ne masu rayuwa bayan abin da ya same su. Mu da muka saba ganin ana watsa hoton gawa a WhatsApp tun kafin dangi su ji labari, wannan kamun kai abin lura ne.

Biyu daga cikin matan sun kai ƙara a 1994, kotu ta yi watsi da ita saboda wa'adin shigar da ƙara ya wuce. Maskell ya musanta zargin, ya mutu a 2001 ba a taɓa gurfanar da shi kan laifi ba.

Inda shirin ya ba ni haushi shi ne wajen kashi na biyar da na shida. Tausayin nan sai ya ragu. Aka shiga nuna wasu maza biyu da yatsa kan kisan Cathy, hujjar kuwa zaton danginsu ne kawai. Ɗaya ya riga ya mutu, ba bakin kare kai. Ɗayan tsoho ne da ka gan shi ka san ƙarfi ya ƙare, aka tsare shi da tambayoyi yana amsawa da ƙyar. Ko yana da hannu ko babu, ban ga dalilin baje shi haka ga duniya ba. Ita ma Joyce Malecki, 'yar shekara 20 da ta ɓace kwana huɗu bayan Cathy, ba ta samu lokacin da ya kamace ta ba.

Kada mai kallo ya sa ran za a kama kowa a ƙarshe. An tono gawar Maskell, wanda ake zargin yana da hannu a kisan, a 2017 aka gwada ƙwayoyin halittarsa, ba su dace da abin da aka samu a wurin gawar Cathy ba. Shirin da Turanci yake, kowane kashi kusan awa ɗaya, don haka gara a sauke shi inda akwai data mai sauƙi. Kuma ba na kallo da yara ba ne, musamman kashi na biyu.