Rumfar da ake kira makarantar lokaci a gefen Kasuwar Wunti

Yaran kasuwa ne suka laƙaba mata wannan suna cikin zolaya, domin ba aji, ba allo, ba takardar shaida. Teburi ne mai murfin gilashi, da benci, da wani dattijo mai madubi maƙale a ido ɗaya. Amma sunan bai faɗi banza ba. Da yawa daga masu gyaran agogo a Bauchi aikinsu bai wuce canja batir da ɗaura madauri ba. A nan kuwa ana koya wa yaro dalilin da ya sa agogo yake gudu ko yake latti, da inda ake taɓawa a dawo da shi hanya. Wannan kaɗai ya isa a biya kuɗin koyo.

Da agogon batir ake farawa, kuma dokar farko ita ce a auna kafin a cire. Batir mai lamba SR626SW sabo yana ba da bolt 1.55. Akwai takwaransa LR626, girmansu ɗaya, ya fi araha, shi ne kuma ya cika tirelolin 'yan talla. Ƙarfinsa raguwa yake a hankali, in ya tsufa sai ya yi yoyo, farin gari ya ci ƙarfen da yake zaune a kai. Baba mai rumfar yana ajiye injin da irin wannan batir ya cinye a cikin gwangwanin madara, sabon yaro ya gani da idonsa. Da hantsakin roba ake ɗaukar batir, don na ƙarfe yana haɗa fuska da baya ya zuƙe shi. Ga masu agogon Casio F-91W kuma, bayan an saka batirin CR2016 sai an haɗa ɗigon da aka rubuta AC da bayan batirin da hantsakin ƙarfe, in ba haka ba fuskar tana iya zama wayam a ɗauka agogo ya mutu.

Bayanin zafi ya fi komai daɗi a wannan sashe. Cikin agogon batir akwai ɗan ƙanƙanin dutsen kwats da ke kaɗawa sau 32,768 a daƙiƙa, a yi ta raba adadin biyu har sau 15 ya koma bugu ɗaya. An yanka dutsen ne ya yi daidai a zafin digiri 25. In zafi ya haura ko ya sauka, latti yake yi. Agogon bango da ke ƙarƙashin kwano a bazara, lokacin da ɗaki ke kai digiri 40, yana iya rasa kusan daƙiƙa 20 a wata. Ba lalacewa ba ce, kuma Baba ba ya karɓar kuɗi a kanta. Cewa yake a saita a tafi.

Inda rumfar ta yi zarra shi ne agogo mai inji, wato marar batir, musamman Seiko 5 irin wanda iyaye suka bari a akwati. Injin 7S26 da ke cikin da yawansu yana bugu 21,600 a awa, shida ke nan a daƙiƙa, kuma wani siririn sifirin, naɗaɗɗiyar waya mai kama da gashi, shi ke riƙe da wannan awo. Kusa da shi akwai 'yan hannuwa biyu. Ɗaya ne na saiti: a tura shi wajen alamar tarawa sifirin ya gajarce agogo ya ƙara gudu, a tura shi wajen alamar ɗebewa ya rage. Ɗayan shi ke riƙe ƙarshen sifirin, wanda ya taɓa shi bisa kuskure zai sa bugun ya riƙa ɗingishi. Motsi kamar kaurin gashi yana canja daƙiƙoƙi masu yawa a yini, shi ya sa da tsinken sakace ake yi.

Ba a barin yaro ya kai hannu nan sai ya kara agogon kusa da kamfas mai nuna arewa. In allura ta juya, maganaɗisu ya kama sifirin, zagayensa sun manne da juna, agogo ya riƙa tsere da mintoci a yini. Galibi daga kwana a kan rediyo ko jikin lasifikar waya yake samo shi. Maganinsa na'urar cire maganaɗisu, aikin daƙiƙa kaɗan. Mai saita irin wannan agogo ba tare da ya cire ba, aikin baban giwa yake yi.

Akwai aibi. Rumfar ba ta da na'urar auna bugu, don haka da agogon waya ake gwadawa: a kwantar da shi rigingine awa 24, a sake jingine shi a gefe wasu 24. Saiti ɗaya sai ya ci kwana uku ko huɗu. Kuma wurin a buɗe yake. Da hunturu, kofin shayi ake kifawa a kan sassan da aka kwance, dabara mai kyau amma ba ta hana ƙura shiga mai. Wanki da fetur ɗin babur ma ya kamata a daina, yana barin maiƙo.

Babban giɓin shi ne agogon masallaci mai nuna lokutan salla, wanda yanzu kusan kowace unguwa tana da shi. A rumfar awa da minti kawai ake gyarawa, alhali matsalar takan kasance a garin da aka zaɓa a cikin agogon. Agogon Najeriya yana bin layin digiri 15 gabas, Bauchi tana wajen 9.8, Gombe 11.2, kowane digiri kuma minti huɗu ne. Saboda haka rana tana riga gocewa a Gombe da kimanin minti biyar, agogon da aka bari a kan Legas kuwa zai makara da wajen minti 26 a Bauchi. Zawalin ma ba a tsaye yake ba: a Bauchi farkon Nuwamba wajen 12:04, tsakiyar Fabrairu wajen 12:35. Ladan yakan ga wannan ya ce agogo ya rikice, alhali daidai yake. Sai lissafin Asuba, wato nisan rana a ƙasa kafin ta ɓullo, na Masar digiri 19.5, na Rabiɗa (ƙungiyar Musulmi ta duniya) 18, tazarar minti shida zuwa bakwai, wadda ba ƙarama ba ce ga mai sahur. In aka bar La'asar a kan Hanafiyya za ta makara da kusan awa guda. Kwanan watan Musulunci kuma da hannu ake ƙara masa ko rage masa kwana bayan sanarwar Sarkin Musulmi. In agogon yana mantuwa duk sanda aka ɗauke wuta, batirin CR2032 na ciki ne ya ƙare. Cikin waɗannan duka, wannan na ƙarshen kaɗai ake koyarwa.

Mai son kai yaro ya haɗa shi da matattun agogo biyu ko uku na gwaji, da madubin ido nasa na kansa, domin na rumfar ɗaya ne kuma ba ya barin idon Baba. Kwamitin masallaci kuwa su tafi da jadawalin salla na garinsu a takarda, su tsaya a gwada lokuta biyar ɗin a gabansu kafin a mayar da agogo bango.