Hattara da mai tallar "rigar Lucien Laurent" a zaurukan WhatsApp

Jama'a, in kuna cikin zaurukan masoya ƙwallo na WhatsApp ko Facebook, wataƙila kun riga kun ci karo da wani mutum da ke yawo da hoton wata tsohuwar riga shuɗiya, yana cewa ita ce rigar da Lucien Laurent, ɗan wasan Faransa, ya saka ranar da ya ci ƙwallo ta farko a tarihin gasar cin kofin duniya. Kada wanda ya tura masa ko sisi. Ƙanena ya tura, shi ya sa nake wannan rubutu.

Ga yadda yake yi. Ba ya cewa ka sayi rigar kai kaɗai, ya san ba mai wannan kuɗin. Cewa yake iyalan marigayin ne suka ba shi amana, za a kai ta gwanjo a Paris, amma yana so 'yan uwa su ci arziki, don haka kowa ya sa hannun jari na naira dubu ashirin, bayan gwanjo a ninka masa sau biyar. In ka tura, sai a jefa ka wani ƙaramin zaure da ake ta yin godiya da addu'a. Bayan kwana uku sai ga maganar kuɗin kwastan. Bayan nan kuɗin inshora. Asusun da ake turawa kuma kullum da sabon suna.

Da daddare ƙanen nawa ya shigo yana murmushi, ya miƙo mini waya. "Yaya, duba ka ga harka." Na zuƙo hoton, na ƙura masa ido, sai dariya ta kama ni, daga baya kuma ta koma takaici da ya gaya mini ya riga ya biya har sau biyu.

Shi Laurent ɗin gaskiya ne, kuma da sunansa ake cin kasuwar. An haife shi a 1907 a kusa da Paris, ya fara wasa a ƙungiyar CA Paris, sannan ya koma Sochaux, inda yake aiki a masana'antar motocin Peugeot. A lokacin ƙwallo ba sana'a ba ce a Faransa, sai a 1932 aka kafa gasar ƙwararru. Hutu ya nema a wurin aiki, ba tare da albashi ba, ya hau jirgin ruwan Conte Verde tare da Jules Rimet, shugaban FIFA na lokacin, da kofin kansa, suka yi kusan mako biyu a teku kafin su isa Montevideo, babban birnin Uruguay, inda aka yi gasar. Ranar 13 ga Yuli 1930, a ƙaramin filin Pocitos, minti na 19, abokin wasansa Ernest Libérati ya bugo ƙwallo daga gefe, Laurent ya ɗauke ta tun ba ta sauka ƙasa ba, sai raga. Faransa ta ci Meziko 4 da 1.

To yanzu ku dubi rigar da ake tallatawa. A bayanta an rubuta LAURENT da manyan baƙaƙe, da lamba 10 a ƙasa. A 1930 babu ɗan wasa ko ɗaya da ya saka lamba a gasar. Sai a 1950 aka fara sa lamba a kofin duniya, suna kuwa sai 1994. A ƙirjin rigar akwai tambarin Adidas, kamfanin da bai zo duniya ba sai 1949. Abin da ya fi ba ni haushi shi ne tauraron da ke saman zakaran da ke tambarin Faransa. Wannan tauraro ai na kofin 1998 ne, na su Zidane. Wato mutumin ko wahalar neman riga marar tauraro bai yi ba, ya dai samo ta gwanjo, ya jiƙa ta da ruwan shayi don ta yi kama da ta kaka da kakanni. Yadin ma irin mai sheƙin nan ne na roba, ana ganin ƙyallinsa a hoton.

Akwai kuma takardar shaida da yake turawa, mai hatimi ja, wai Laurent ne ya sa mata hannu da kansa a 2010. Bawan Allah ya rasu a Besançon tun watan Afrilun 2005, yana da shekara 97. Sannan a sabon tallan da ya fitar ya ƙara da "lambar zinaren zakarun 1930". Wane zakaru? Faransa ko rukuni ba ta tsallake ba: Ajantina ta ci ta 1 da nema, a wasan ne ma Laurent ya ji rauni, Chile ma ta ci ta 1 da nema. Uruguay ce ta ɗauki kofin.

Abin ya taɓa ni ta wani ɓangare ma. Mutumin da ya buga wa ƙasarsa wasa goma kacal, ya sha zaman fursunan yaƙi a hannun Jamusawa, bai tara komai da ƙwallo ba, yau shi ake tatsar talakawa da sunansa a ƙasarmu.

Na sa ƙanena ya tambaye shi sunan gidan gwanjon da ranar da za a yi. Amsar ita ce, "Haba ɗan uwa, ba ka yarda da ni ba ne?" Ya sake tambaya, aka cire shi daga zauren, aka toshe lambarsa. Mun kai ƙorafi banki da shaidar turawa, mun kuma shigar da rahoto wurin 'yan sanda. Wanda ya riga ya biya, ya adana hotunan hirar da rasit kafin a goge, ya garzaya bankinsa tun kuɗin ba su yi nisa ba. Masu kula da zauruka kuma, don Allah ku duba, domin shekaranjiya na ga hoton rigar nan ya sake ɓullowa daga wata sabuwar lamba, an ɗan yanke wurin tauraron.