Gargaɗi kan masu tallar sikutar lantarki mai naɗewa: ku yi lissafin batirin kafin ku biya

Jama'a, akwai wata irin talla da ke yawo a Facebook da Instagram da TikTok, kuma duk wanda ya taɓa neman sikutar lantarki a wayarsa ko da sau ɗaya ne, da wuya ta ƙyale shi. Gajeren bidiyo ne. Saurayi ya sauko daga jirgin ƙasa, ya warware sikuta da hannu ɗaya, ya taka, ya bar motoci a cunkoso. A ƙasa an rubuta wai wani katafaren sito ne ake rufewa, an zabge kashi 80 cikin ɗari na kuɗin, saura guda kaɗan, ga agogo yana ƙirga mintunan da suka rage. Sunan shafin yana canzawa, bidiyon da alƙaluman kuwa kusan iri ɗaya ne kullum: wai tana tafiyar kilomita 80 a caji ɗaya, injinta wat 1,000, nauyinta kilo 11 kacal. Kada ku biya. Alƙaluman nan da kansu sun isa su tona asirin mai tallar, ba sai an je ko'ina ba.

Mai neman abin hawan zuwa aiki abu uku yake so: ta yi nisa, ta yi sauƙin ɗauka a matakala da cikin bas, ta yi araha. Masu damfarar sun san haka sarai, shi ya sa suke haɗa masa ukun a talla ɗaya. Matsalar ita ce nisa da rashin nauyi ba sa zama inuwa ɗaya, domin nisa daga batir yake fitowa, batir kuma shi ne nauyi.

Ga yadda ake lissafin. Ƙarfin batir ana samunsa ne idan aka ninka V (volt, wato ƙarfin turin wutar) da Ah (yawan cajin da batirin ke ɗauka), abin da ya fito shi ne Wh, kuma Wh ɗin nan shi ne man da ke cikin tanki. Ɗauki sikutar Xiaomi M365, wadda ta fito a 2016 kuma jabu da yawa a kasuwa surarta suke kwaikwayo. Batirinta 36V ne, 7.8Ah, wato wajen 280Wh. Nauyinta kilo 12.5, injinta wat 250, gudunta bai wuce kilomita 25 a awa ba. Kamfanin ya ce tana kai kilomita 30, amma wannan gwaji ne na mutum mai kilo 75 a shimfiɗaɗɗiyar hanya, yana tafiya a hankali, ba iska ba hawa. Mai jiki da jakar kwamfuta a baya, yana tsayawa yana tashi a kowace mahaɗa, in ya samu kilomita 20 ya gode. Segway Ninebot Max G30 kuma, wadda aka ce tana kai kilomita 65, batirinta 551Wh ne, nauyinta kuwa ya kusa kilo 19. Ka ga kenan da aka ninka nisan, sai da nauyin ya ƙaru da fiye da kilo shida. To ta yaya wani shafi da ba wanda ya taɓa jin sunansa zai ba ka kilomita 80 a kilo 11, a kuɗin da bai kai na batirin kaɗai ba? Ko da ma'aunin kamfanonin nan mai sassauci aka bi, kilomita 80 na buƙatar wajen 700Wh.

Wani wayon da suke yi shi ne ɓoye V, su cika maka ido da mAh (1,000mAh shi ne 1Ah). Batirin M365 ƙwayoyi 30 ne a ciki, irin waɗanda ake kira 18650, kowace 2,600mAh. An jera su goma-goma a layi uku, shi ya ba da 36V da 7,800mAh. Mai son yaudara sai ya tara na ƙwayoyin duka ya rubuta 78,000mAh a talla, alhali batirin bai ƙaru da komai ba. Su kansu ƙwayoyin akwai iyakarsu. Ta gaske daga Samsung ko LG ko Panasonic ba ta wuce wajen 3,500mAh, nauyinta gram 45 zuwa 50. Duk wadda ka ga an buga mata 9,900mAh a jiki ƙarya ce tsagwaronta, kuma masu fasa irinsu sun sha tarar da 'yar ƙaramar ƙwaya a ciki, an cike sauran wurin da yashi ko gari don ta yi nauyi a hannu. Haka maganar wat. Akwai ƙarfin da inji ke iya riƙewa a tafiya, akwai wanda yake kaiwa na 'yan daƙiƙu lokacin tashi. Na biyun suke bugawa, in ma sun damu su buga na gaskiya kenan.

Damfarar kanta hawa-hawa ce. Mafi sauƙi ita ce ka biya, shiru. Saƙon imel ya daina samun amsa, bayan mako biyu shafin ya ɓace. Wadda ta fi wannan wayo ita ce ta lambar bibiyar kaya. Za su ba ka lamba ta gaske, ka riƙa dubawa kana ganin kaya na tafiya daga gari zuwa gari har a rubuta an isar. Abin da aka isar ɗin kuwa 'yar ambulan ce mai ɗauke da zobe na roba ko murfin waya, wani lokacin ma adireshin wani aka kai a unguwarku. Amfanin ambulan ɗin a wurinsu shi ne, ranar da ka kai ƙara banki, su nuna shaidar cewa an kai kaya. Saboda haka in ka faɗa wannan tarkon, ka nemi kamfanin aika saƙon ya ba ka nauyin kunshin a rubuce. Ambulan mai gram 50 ba za ta zama sikuta mai kilo 12 ba, kuma wannan takardar takan juya shari'ar.

Akwai kuma masu cewa ka biya yanzu, kaya na nan tafe bayan wata uku. Wannan ko babu mugun nufi yana da haɗari. A ƙarshen 2019 wani sabon kamfani a Amurka mai suna Unicorn ya rufe bayan ya karɓi odar sikuta wajen 350, ya kuma sanar da masu saye cewa ba sikuta ba kuɗi, domin yawancin kuɗin sun tafi a talla. Waɗannan mutane ne masu suna da adireshi, ina ga wanda ba ka san ko a wace nahiya yake ba.

Amma ni a ganina, wanda ya cinye kuɗinka bai aiko da komai ba ya fi wanda ya aiko maka da jabu sauƙin cuta. Na farko aljihunka ya taɓa. Na biyu ya ajiye maka batirin da ba ka san me ke cikinsa ba a ɗakin da kake kwana. Batirin lithium na kirki yana da allon kula, wanda ke yanke wuta idan caji ya cika ko zafi ya yi yawa ko wata ƙwaya ta fara bambanta da 'yan uwanta. A nan masu jabu suke fara rage kuɗi, sannan su haɗa tsofaffin ƙwayoyin da aka ciro daga matattun kwamfutoci, wata ta gaji wata da sauranta, a naɗe su cikin leda mai sheƙi. Idan ƙwaya ɗaya ta ɗauki zafi fiye da kima sai ta kunna ta kusa da ita, a haka har batirin duka ya tashi cikin daƙiƙu, da hayaƙi mai guba, kuma bokitin ruwa ba ya magance shi. Ba tatsuniya ba ce. A Yulin 2016 hukumar kare masu saye ta Amurka ta sa aka janye allunan hawa masu taya biyu fiye da 500,000 saboda gobarar batir, kuma a wannan shekarar ne aka fito da ma'aunin gwaji na UL 2272. Singafo ta wajabta shi ga sikutoci, birnin New York ma ya yi doka a 2023 cewa ba za a sayar da wadda ba ta ci wannan gwajin ba. A Landan, bayan wata sikuta ta kama wuta a jirgin ƙasa a tashar Parsons Green a Nuwamban 2021, hukumar sufurin birnin ta hana shiga da su jirage da bas gaba ɗaya daga Disamban shekarar.

Masu damfarar sun san mutane sun fara tambayar wannan shaida, don haka suna liƙa hotonta a shafi. Hoton tambari ba shaida ba ne. Wanda aka gwada kayansa da gaske yana da lambar fayil da za a iya nema a rumbun bayanan hukumar da ta yi gwajin, sunan kamfani da samfurin su fito daidai. Alamar CE kuwa, ga irin wannan kaya, mai ƙerawa ne da kansa yake bugawa yana cewa ya cika ƙa'idojin Turai. Ganinta a kwali ba ya nufin wani ya duba.

Sai gaɓar naɗewa, wadda kusan ba mai tambaya a kanta. Duk lokacin da ka ja birki, nauyinka gaba ɗaya yana turawa a kan wuyan sikutar, wuyan kuma 'yar ƙugiya ɗaya da fil ɗaya ne ke riƙe da shi. Manyan kamfanonin ma sun sha wuya a wurin nan. A 2019 Xiaomi ta janye M365 fiye da 10,000 saboda wani sukuru a gaɓar da ke iya kwancewa wuyan ya ɓalle ana cikin tafiya. A Maris na 2025 Segway ta yi kiranye kan Max G30P da G30LP wajen 220,000 a Amurka, shi ma saboda gaɓar na iya naɗewa da mutum a kai. Bambancin shi ne su an san inda suke, sun sanar, sun ba da gyara. Mai shafin da zai ɓace mako mai zuwa, wa zai kira ka? Idan sikuta tana gabanka, ka matse birki, ka tura kanta gaba ka ja baya. In ka ji wuyan yana ƙwas-ƙwas yana rawa tun tana sabuwa, ka ajiye musu abinsu. Ka leƙa ƙugiyar ka gani: ta kirki tana da zoben tsaro da ke hana ta buɗewa da kanta, ta jabu sau da yawa narkakken ƙarfe ne mara ƙwari da aka shafa wa baƙin fenti.

Wasu alƙawuran kuma ba sa buƙatar dogon bayani. Wai ana shiga jirgin sama da ita: kamfanonin jiragen sama ba sa karɓar batirin da ya wuce 100Wh sai da izini, kuma 160Wh ne iyaka, kusan duk sikutar zuwa aiki ta haura haka. Wai ruwa ba ya shigarta: IP54 da ake gani a jikin yawancinsu yana nufin ƙura da fantsamar ruwa ne kawai. Wai doka ta yarda da ita a ko'ina: a Jamus tun 2019 sai mai gudun da bai wuce kilomita 20 a awa ba, mai takardar amincewa da inshora, a Faransa iyakar 25 ce, a Birtaniya kuwa hawa taka ta kanka a titin gwamnati laifi ne. Kowa ya duba dokar inda yake zaune kafin ya sa kuɗi.

Ta hannu ma tana da nata. An sha sace sikutocin haya na kan titi, a cire allon lantarkin da kamfanin hayar ya sa a ciki a sa wani, a fesa fenti a sayar. Ka nemi rasit, ka duba lambar da ke jikinta ko an kankare, sannan ka sa mai sayarwa ya haɗa ta da manhajar kamfanin a gabanka. Ta gaske za ta haɗu, ta nuna lambarta da jimillar kilomitan da ta yi. In ya ce manhajar na da matsala yau, ko ya nuna maka wata manhaja daban mai baƙon suna, biri ya yi kama da mutum.

Kafin biya a kowane shafi, minti biyar sun isa. Ka nemi ranar da aka yi wa sunan shafin rajista ta hanyar binciken WHOIS. Wanda ke cewa ya shekara goma yana kasuwanci amma shafinsa bai cika wata biyu ba, ya gama ba ka amsa. Ka saka hoton sikutar a Google Lens ka ga shafuka nawa ke amfani da shi da sunaye daban-daban. Ka duba adireshin a taswira. Ka tambaye su Wh na batirin da inda ake samun taya da tib da birkinta, ka ga ko za su amsa da lamba ko da surutu. Sannan hanyar biya: kati yana ba ka damar neman banki ya dawo da kuɗi, amma tura kuɗi kai tsaye zuwa asusun mutum, ko katin kyauta, ko kirifto, ko zaɓin 'yan uwa da abokai na PayPal, duk babu kariya a cikinsu. Mai sayarwar da ya ce zai ƙara maka rangwame in ka bi ɗaya daga cikin waɗannan, kariyar taka yake saye.

Wanda ya riga ya biya, ya ɗauki hoton tallar da shafin da duk saƙonnin yau ɗin nan kafin a goge su, ya kira bankinsa ba tare da jiran alƙawarin mai shafin ba, domin neman dawo da kuɗi yana da wa'adi, kuma jan lokaci na cikin dabarunsu. Ya kuma yi hattara da waɗanda za su biyo baya suna cewa za su ƙwato masa kuɗin in ya biya ladan aiki, galibi su ɗin ne dai ko abokan sana'arsu.

Wanda kuma tasa ta iso yana shakkarta, ya duba caja tukuna: batir mai 36V cajarsa 42V take fitarwa, mai 48V kuma 54.6V, kuma ba a musanya su. Kada ya yi caji yana barci ko ba ya gida, kada ya yi a bakin ƙofa ko a hanyar fita. In batirin ya kumbura, ko ya yi zafin da hannu ba ya iya jurewa, ko ya fara wari ko ƙara, ya cire wuta, ya fitar da ita waje nesa da abin da zai kama, ya kai batirin wurin da ake karɓar tsofaffin batura. Ba a jefa shi a kwandon shara.