Ƙamus ɗin Scots: babban ko ɗan na aljihu? Na gwada su da kalmar dwam

Ƙanwata, kin tambayi wane ƙamus na Scots, ɗaya daga cikin harsunan mutanen Sikotlan, za ki saya, babba ko ɗan na aljihu. Ki sayi babban kawai, wato Concise Scots Dictionary ɗin, ki bar ɗan ƙaramin nan da kika gani a shagon tsaraba ya ci gaba da zamansa a kan kanta. Duka biyun ina da su, ɗaya ya sha hannu har bangonsa ya fara ɓallewa na liƙe shi da salatif, ɗayan kuma ban ma san a wace durowa yake ba yanzu. Tunda kuma kalmar da tsohuwar wurin aikinku ta faɗa miki kika rasa ganewa ita ce dwam, to da ita zan gwada miki su, don wallahi kin faɗo kan kalmar da ta fi kowacce tona asirin ƙaramin.

Shi ɗan na aljihun, irin waɗanda ake jerawa kusa da kofuna da mayafai masu zanen gida-gida a shagunan titin Royal Mile a Edinbara, nawa dai layi ɗaya ya ba kalmar, wai dwam shi ne mutum ya tafi duniyar tunani ido biyu. Shikenan ya wuce kalma ta gaba. Ba ƙarya ya yi ba, amma rabin magana ce, an yi shi ne don 'yan yawon buɗe ido su karanta a jirgi suna dariya, kuɗina da na ba su Allah ya amfana.

To ga abin da babban zai nuna miki. Ma'anar dwam ta farko, wadda ta fi tsufa, ba ta da alaƙa da tunani ko kaɗan, suma ce, ko jiri mai kayar da mutum, ko ciwo ya taso wa mutum farat ɗaya. Daga nan ne ma'anar ta yi ta sassautowa, ta zama halin da mutum yake ciki ba barci ba kuma ba farke ba, ta zama ɗan gyangyaɗi, sannan ta zo kan wadda yaran yanzu suka fi sani, mutum ya zuba ido wuri ɗaya ana masa magana hankalinsa yana wata duniya. Kuma kalmar tana zama aikatau ma, a ce mutum yana dwamin, wato yana sumewa ko jikinsa yana ja baya a hankali, in aka ce dwam ower kuma barci ne ya sace shi. Akwai dwamie, mutumin da yake jin jiri-jiri ko wanda kullum kamar ba ya nan. Rubutunta ma ba ɗaya ba ne, za ki ga dwam, za ki ga dwaum, za ki ga dwalm a tsofaffin rubuce-rubuce, wannan l ɗin ba a furta ta, kuma asalinta yana komawa ne ga tsohon Ingilishi inda ake da dwolma mai nufin ruɗewa. Duk wannan a ɗan wuri kaɗan suka cusa shi da ƙananan haruffa, sai kin sa tabarau in idonki irin nawa ne.

Yanzu ki duba aikin da muke yi ni da ke. Mu ba adabi muka zo karantawa ba, tsofaffi muke kula da su, kuma tsohon da ya haura tamanin a Abadin ko ƙauyukan da ke kewaye da ita ba da ma'anar yaran Gilasgo yake amfani da kalmar ba. Abin da na lura da shi a bakinsu shi ne, in suka ce in a dwam to yawanci tunanin ne, ba abin damuwa, amma in kika ji took a dwam, wato dwam ɗin ya kama mutum, to ki ajiye abin da ke hannunki ki yi tambaya. Ta faɗi? Idonta ya rufe? An kira sunanta ta amsa? Minti nawa? Domin a wee dwam ma da suke cewa, da wannan wee ɗin nasu mai nufin ɗan ƙarami da suke liƙa wa komai don su rage masa nauyi, yana iya zama ɗan barcin bayan cin abinci yana kuma iya zama suma ta gaske, su mutanen nan ba sa son a ce sun cika raki, sai su ƙanƙantar da abu babba.

Ni abin ya taɓa zuwa mini a dutin yamma. 'Yar wata tsohuwa da nake kula da ita ta zo ziyara, tana saka kot za ta tafi take ce mini a tsaitsaye mahaifiyarta took a wee dwam bayan abincin rana amma ta warware, ta faɗa kamar ba komai ba ta wuce abinta. Da ma na riga na ci karo da kalmar a babban ƙamus ɗin don a loka ta nake ajiye shi ina dubawa lokacin hutu, sai na je na gaya wa nas, aka zo aka yi mata awon jini a zaune aka sake yi a tsaye, ashe jininta sauka yake in ta miƙe, likita ya duba magungunanta aka gyara. Abin da ya fi mini daɗi ma ba wannan ba ne, bayan ta samu sauƙi ta ga littafin a hannuna ta ce in kawo, ta ɗora shi a cinya tana buɗawa tana karanto kalmomin da rabonta da jin su tun kakarta na da rai, tana gyara mini furuci tana dariya har da hawaye, ta ce ita ba ta taɓa sanin an sa maganarsu ta gida a littafi mai kauri haka ba, don a zamaninsu in ka yi ta a aji bulala ce. Suna da wata bulalar fata mai tsage-tsage a baki da suke kira tawse, a garin Lochgelly aka fi yin ta, sai a 1987 aka hana duka a makarantun gwamnati a nan. Mu da aka ci tararmu a firamare kan laifin yin Hausa a aji ba sai an yi mana dogon bayani ba. Tun daga ranar in na shiga ɗakinta sai ta ajiye mini kalma ɗaya ta ce in je in duba ko masu littafin sun sani, kuma kusan kullum sun sani.

Wani abu da babban yake da shi wanda ƙaramin ko mafarkinsa bai yi ba, yana gaya miki a ina ake faɗar kalma da kuma tun wane ƙarni. Za ki ga gajerun alamomi a gefen ma'ana, Abd yana nufin yankin Abadin, Sh yana nufin Shetland, Ork tsibiran Orkney, NE arewa maso gabas gaba ɗaya. Wannan ba ƙaramin amfani ba ne domin Scots ɗin ba iri ɗaya ba ne, na nan arewa maso gabas da suke kira Doric ya sha bamban da na Gilasgo, su a nan duk inda wh take sai su mayar da ita f, shi ya sa gaisuwarsu fit like, yarinya quine, yaro loon, kuma fit ɗin nan dai shi ne ƙafa shi ne kuma mene ne, ranar farko sai ki rantse ba Turai kika zo ba. Kalmomin jiki da na ciwo su za ki fi buƙata, oxter hammata, lug kunne, thrapple maƙogwaro, hoast tari, boak amai ko yunƙurinsa, wabbit gajiya liƙis, peelie-wally mutum ya yi fari fat alamar ba lafiya, greet kuma kuka ne ba gaisuwa ba, wannan ta ƙarshen ta ruɗa mutane da yawa. Ƙaramin yana da wasu daga ciki, ba zan hana shi haƙƙinsa ba, musamman masu ban dariya, amma layi ɗaya ɗaya ne babu wanda zai gaya miki ko ana faɗarta a garin da kike.

Aibin babban kuma in faɗa miki tun yanzu kar ki ce ban faɗa ba. Yana da nauyi, shafi sama da 800 ne, ba abin sawa a aljihun yunifom ba ne. Hanya ɗaya yake tafiya, daga Scots zuwa Ingilishi, in kina son ki san yadda ake cewa wani abu da Scots ba zai taimake ki kai tsaye ba. Sannan dole sai kin yi ta cankar rubutu, kin ji kalma a baki ba ki san yadda ake rubuta ta ba, ga su ba su da tsayayyar ƙa'idar rubutu guda ɗaya da kowa ya yarda da ita, sai dai yana ƙoƙari wajen tura ki daga wannan rubutun zuwa wancan. Bayaninsa kuma da Ingilishi ne mai gajarce-gajarce, makon farko zai ba ki haushi, ki daure ki karanta shafukan gaba inda suka fassara alamomin, daga nan komai zai zo da sauƙi.

Nasan wani zai shigo ya ce ai duk wannan yana intanet kyauta, gaskiya ne, akwai Dictionaries of the Scots Language, an sa shi a intanet tun 2004, ya haɗa manyan ƙamus biyu, ɗaya mujalladi 12 na tsohon harshen har zuwa shekarar 1700 wanda aka fara fitarwa a 1931 ba a gama ba sai 2002, ɗayan mujalladi 10 na daga 1700 zuwa zamani wanda aka kammala a 1976. Shi Concise ɗin ma daga cikinsu aka tace shi. In kika rubuta dwam a can za ki samu misalai jere da shekarunsu da garuruwansu har ki gaji. Ina amfani da shi a gida in abu ya cije. Amma a wurin aiki yawancin gidajen ba sa barin waya a hannu kina tare da tsofaffi, kuma ba za ki iya ɗora wa tsohuwa waya a cinya ta yi ta buɗawa tana tuna kakarta ba. Don haka ki riƙe na intanet ɗin a matsayin ƙari, littafin dai ki saya.

Sai maganar masu sayarwa, ba ki tambaya ba amma zan faɗa don na ga an yi wa mutane. Na farko akwai wani tsohon ƙamus na wani limamin coci John Jamieson da ya fito a 1808, aiki ne mai daraja a tarihi ba wanda ya musa, amma da yake ya tsufa babu mai haƙƙin mallakarsa yanzu, sai wasu 'yan damfara a kasuwannin intanet su ɗauki hoton tsofaffin shafukan su buga su sa sabon bango mai sheƙi da tutar Sikotlan su rubuta shekarar bana a matsayin ranar bugu, ki biya kuɗi ki karɓi littafin da ya haura shekara 200, wasu shafukan a karkace wasu baƙi ƙirin ba sa karantuwa, wani lokacin ma mujalladi ɗaya za su turo miki ki tarar haruffan sun tsaya a tsakiya. Na biyu, ki kula da kalmar Scottish a kan bango, domin akwai Gaelic, shi wani harshe ne daban gaba ɗaya, dangin na mutanen Ayalan, a tsibiran yamma aka fi yin sa, shi kuwa Scots ɗan'uwan Ingilishi ne tushensu ɗaya, a ƙidayar 2011 mutum kusan miliyan ɗaya da rabi suka ce suna iya yin sa. Mai shago da yake son ya rabu da kaya ba zai tsaya yi miki wannan bayanin ba, zai ce miki ai duk ɗaya ne, ki je gida ki nemi dwam ki rasa.

Na uku shi ne wanda ya fi yawa. Concise ɗin bugu biyu ne, na farko ya fito a 1985 a nan Abadin, Mairi Robinson ce babbar editarsa, an yi ta sake buga shi da banguna daban-daban tsawon shekaru, na biyu kuma wanda aka sabunta ya fito a 2017 daga Edinburgh University Press. Tsohon ba shi da laifi, in kika same shi a shagon gwanjo na sadaka da araha ki ɗauka da gudu, kalmomin tsofaffinmu duk suna ciki tunda ai su ma ba jiya aka haife su ba. Laifin shi ne a sayar miki da na 1985 a kuɗin na 2017, a sa hoton sabon a talla a turo miki tsohon. In a intanet za ki saya na hannu, ki ce mai shi ya ɗauko miki hoton shafin ciki na farko inda shekara da sunan maɗaba'a suke, da hoton littafin a gefe ki ga kaurinsa, in ya fara kame-kame wai kaya na sito ba zai iya buɗewa ba ki bar masa kayansa. In kuma albashi bai shigo ba tukuna ki leƙa laburaren unguwarku, rajista kyauta ce, ki tambaye su ko suna da shi ki fara dubawa a can kafin ƙarshen wata, kuma gobe in kin koma duti ki tambayi tsohuwar nan taki wane irin dwam take nufi, in took ta ce ki rubuta a rahoto ki gaya wa nas.