Saiwar dahliya daga shagon lambu: tana dawowa, amma da sharaɗi

A watan Afrilun 2022 na sayi saiwar furen dahliya shida da tukwanen furen felargoniyom huɗu a wani shagon kayan lambu da ke wajen birnin Leeds a Ingila, kuma abin da ya ja hankalina shi ne rubutun jikin ledar, wanda ya ce furen yana dawowa kowace shekara. Ingancin kayan ba abin kushewa ba ne. Saiwoyin sun zo da ƙwarinsu, babu alamar ruɓa, kamar ƙananan dankalin Hausa da aka haɗa wuyansu wuri ɗaya, kuma daga Yuli har Oktoba ba su daina fure ba.

Inda shagon ya gaza shi ne rubutun bai cika maganar ba. Asalin dahliya ƙasar Meziko ne, felargoniyom kuwa Afirka ta Kudu, saboda haka sanyin Ingila baƙo ne a gare su. Ƙungiyar lambu ta Birtaniya, RHS, ta sanya dahliya a rukunin H3, wato iyakar juriyarta ga sanyi digiri 5 ƙasa da sifili a ma'aunin Salshiyas, felargoniyom kuma a H1c, wanda ba ya son sanyin da ya sauka ƙasa da digiri 5 sama da sifili. Sai da na tambayi ma'aikaciyar shagon daga baya ta yi mini wannan bayani, cikin ladabi da sanin aiki, amma wanda bai tambaya ba haka zai tafi.

A Disambar shekarar aka yi sanyin da ya kai digiri 17.3 ƙasa da sifili a Braemar ta Sikotland, mu ma muka samu rabonmu. Saiwa uku da na bari a ƙasa, wadda yumɓu ce mai riƙe ruwa, sun narke sun zama kamar kunu. Sauran ukun na haƙe su ne bayan raɓa ta daskare ta baƙanta ganyensu. Na datse karan, na kife su ruwan cikinsu ya tsiyaye, sannan na binne su cikin busasshen yashi a kwali a gareji. Duka ukun sun tsiro a Afrilu. Felargoniyom biyu da na shigar bakin taga sun rayu, biyun da na bari waje sun mutu tun makon farko.

Har yanzu a shagon nake sayen saiwa, sai dai ba na fitar da tsiron waje kafin ƙarshen Mayu.