Kwanon silikon da mofin ɗin tuffa: abin da na gani bayan wata 4

Ƙanwata ce ta kawo mini shi, kwanon gashin kek na silikon, irin mai lanƙwasawa kamar roba, mai ramuka 12. Da ta miƙo mini sai ta ce, "Yaya, ki huta da kankarar gwangwani haka nan." Gaskiyarta. Tsohon kwanona na ƙarfe ya tsufa, duk abin da na zuba masa sai ya riƙe rabi ya ba ni rabi. Tun daga ranar kusan kowane mako sai na gasa mofin ɗin tuffa da ots a cikin sabon, wato ƙananan kek ɗin nan da ba a cika musu sukari da bota, waɗanda ake karyawa da su da safe. Yau wata 4 ke nan, ina ganin na isa in faɗi abin da na sani a kansa.

Ranar farko kunya na sha. A kan tebur na shimfiɗa shi, na cika ramukan nan tsaf, na kama gefe da gefe zan kai obin, sai tsakiyar ta lotsa, kwaɓin ya malalo daga ramuka huɗu zuwa ƙasa. Babu ko layi ɗaya a jikin kwalin da ya gargaɗe ni. Duk wanda zai yi aiki da irin wannan kwano, ya fara ɗora shi a kan abu mai tauri kamar tiren ƙarfe kafin ya zuba komai, ya ɗauke su tare. Wannan ba abin ganin dama ba ne.

Abin da aka yabe shi a kai kuwa, ya cika shi. Mofin ba ya manne masa. Ana tura ƙasan ramin da yatsa sai ya fito cur, ba wuƙa, ba cokali, ba takardar kek. Ga wanda ya san halin kwaɓin da ke da tuffa a ciki, wannan ba ƙaramin abu ba ne, domin ruwan tuffa yana da sukari, in ya taɓa ƙarfe mai zafi sai ya daskare ya zama kamar gam. A tsohon kwanona nan ne kullum ake yin asara. A wannan, sau ɗaya kawai na shafa mai bayan wankin farko, daga nan ban ƙara ba.

Sai dai fitowa lafiya daban, gasuwa daban. Na biyu da na uku da na yi, saman ya yi ja mai kyau, amma gefe da ƙasa fari fat, da danshi, kamar a tukunya aka turara su. Da fari na ɗora wa obin laifi. Daga baya na gane halin silikon ne: ba ya ɗaukar zafi ya miƙa wa abin da ke cikinsa da sauri. Alminiyom ya fi shi isar da zafi sau ɗaruruwa. Jan nan da ƙamshin gashi da muke so a jikin kek, haɗuwar sukari da furotin ne a kan zafi mai ƙarfi, abin da wani masanin kimiyya Bafaranshe, Louis-Camille Maillard, ya bayyana a 1912. Ba ya kankama sosai sai zafin fuskar abin ya haura digiri 140 a ma'aunin Salsiyos, kuma wurin ya fara bushewa. A cikin ramin silikon, gefen mofin yana jinkirin kaiwa nan, tururi kuma ba ya samun hanyar fita. To ga tuffa, wadda kusan kashi 85 cikin 100 nata ruwa ne. Kwano mai sanyin hali ya haɗu da kwaɓi mai ruwa, me ake jira?

A nan ne na daina zargin kwanon na koma kan hannuna, kuma a nan ne ya koya mini abin da na ƙarfen ya daɗe yana rufa mini asiri a kai. Ashe kwaɓina ya cika ruwa tun can, zafin ƙarfe ne yake ƙafar da shi ban sani ba.

Ga yadda nake yi yanzu. Ina zuba ots kofi 1, kimanin giram 90, a cikin yogot mara sukari kofi 1, in bar shi ya jiƙa minti 15 zuwa 20. Wannan jiƙon shi ne rabin aikin. Ots yana da wani sinadari mai suna beta-gulukan da ke shan ruwa ya yi yauƙi, shi ne ke sa kunun ots kauri. In aka zuba shi a bushe, bai gama sha ba har a gama gashi, sai a ci ana jin ɓawo-ɓawo a baki, ruwan da ya kamata ya shanye kuma ya kwanta a ƙasa. In ya jiƙa tun farko, sai ya riƙe danshin a jikinsa ya raba shi ko'ina. Ina nufin ots mai faɗi wanda aka murje ƙwayar ta baje. Mai laushin nan na minti ɗaya ma yana yi, amma yana narkewa ya ɓace, ba a jin sa a baki. Wanda aka sassara da ƙarfe, mai kama da tsaki, shi kam kada a soma, ba zai nuna ba.

Kan jiƙaƙƙen ots ɗin nake fasa ƙwai 2, in zuba man girki mililita 80, da jan sukari giram 100, in juya. A wani kwano dabam in haɗa fulawa giram 160, bekin fauda ƙaramin cokali 2, bekin soda rabin ƙaramin cokali, kirfa ƙaramin cokali 1, gishiri rabi. Wata ta tambaye ni me ya sa ake sa fauda kuma a sa soda, ba aiki ɗaya suke ba? Ba ɗaya ba ne. Soda ba ya tashi sai ya haɗu da abu mai tsami, a nan yogot ne da jan sukari, kuma yana taimaka wa kek ya yi ja, abin da wannan kwano yake matuƙar bukata. Fauda kuwa da tsaminsa a jikinsa yake zuwa. In madara zalla za a yi amfani da ita maimakon yogot, a matsa mata lemun tsami babban cokali 1 a bar ta ta ɗan tsinke, ko a cire sodan gaba ɗaya, in ba haka ba za a ji ɗanɗanon sabulu. Fulawar ma kada a ce za a cire ta duka don son lafiya. Ots ba shi da irin danƙon alkama da ke riƙe iska, in shi kaɗai ne mofin ɗin zai kwanta ya yi nauyi. Na gwada, na ci shi da cokali.

Sai tuffa, matsakaita guda 2. Da can gogawa nake yi duka a greta, kuma shi ne babban kuskurena, domin gogaggiyar tuffa tana sakin ruwanta nan take. Yanzu ɗaya da rabi nake yankawa ƙanana kamar ƙwayar wake, ragowar rabin in goga in ɗan matse. Yankakkiyar tana riƙe ruwanta har cikin obin, kuma ana cin karo da ita a baki, wanda shi ne daɗin abin. Ba na feraye ɓawon. Irin tuffar ma yana da tasiri. Koriyar nan mai tsami, Granny Smith, wadda asalinta daga Ostireliya ne tun 1868, ita ta fi jure wuta, ba ta narkewa, tsaminta kuma yana tsayawa gaban kirfa da sukari. Gala da Fuji sun fi zaƙi, in su na samu sai in rage sukari zuwa giram 75. Jar nan mai laushi da ke marmashewa a baki tun tana ɗanya, a cikin mofin ɓacewa take yi, sai dai a ce an sa.

Haɗa busasshe da mai ruwa ba ya wuce juyi 12 zuwa 15 da cokalin katako. Ina tsayawa tun ina ganin ɗigon fulawa nan da can. Na san hannu yana ƙaiƙayi ya ga kwaɓi ya yi sumul, amma duk juyin da aka ƙara danƙon fulawa ake tayarwa, sai mofin ya fito da tauri, da dogayen ramuka a ciki kamar gidan tururuwa, saman kuma ya yi tsini. Na'urar buga kek ba ta da aiki a nan.

Gashin shi ne inda na sauya wa kwanon tsari. Ina sa tiren ƙarfe a cikin obin tun lokacin da nake ɗumama shi, a digiri 200. Kwanon silikon kuma ina cika shi a kan katakon yanka, kowane rami kashi uku cikin huɗu, sai in zame shi a hankali ya hau tiren mai zafi. Zafin ƙarfen nan da ke dukan ƙasansa tun daga farko shi ne ya kawar mini da farin ƙasa. Minti 5 a 200 don ya yi tsalle ya tashi, sai in sauke zuwa 180 ba tare da na buɗe ƙofa ba, in ba shi minti 18 zuwa 20. A kwanon ƙarfe minti 15 ya ishe ni a wannan mataki, don haka a sa ran ƙarin minti 3 zuwa 5. Tsinken sakace nake sokawa a tsakiya, in ya fito da ɗan marmashi ba ɗanyen kwaɓi ba, ya yi. A kula kada a soki tuffa a ɗauka bai nuna ba, a gwada wuri biyu. Nawa kwanon an rubuta masa iyakar digiri 230, kowa ya duba nasa.

Bayan fitowa, minti 5 kawai nake bari, sai in fitar da su in jera a kan ragar waya. In suka huce a cikin ramin, tururin da ya rasa hanya zai koma ya jiƙa ƙasan, duk wahalar tiren nan ta tafi a banza.

Duk da haka, kada in yi wa kowa ƙarya: ko da wannan dabara, gefen bai kai na ƙarfe ja da ɗan ƙamas ba. Ya yi launin zuma mai haske, ya bushe, shi ke nan. Mai son ɓawo mai ƙarfi a gefe, wannan kwano ba nasa ba ne. Abin da nake yi don in rama, ina barbaɗa ots da ɗan sukari a saman kowanne kafin gashi, sai saman ya ba da ƙamas ɗin da gefen ya hana.

Wanki ma yana da nasa. An ce yana da sauƙi, kuma da gaske ba a kankara, amma silikon yana riƙe maiƙo. Bayan mako 6 sai na ji shi yana danƙo a hannu ko an wanke, ga ƙamshin kirfa ya zauna masa daram. Ruwan sanyi ba ya fitar da shi. Sai na jiƙa shi a ruwan zafi sosai da sabulun wanke-wanke, na juya kowane rami ciki ya koma waje, na goga masa bekin soda da aka dama da ruwa kaɗan. Danƙon ya tafi, ƙamshin kirfar bai tafi duka ba. Saboda haka na ware shi ga kayan zaƙi kaɗai, ba na gasa abu mai albasa a ciki. Soson ƙarfe da wuƙa kada su kusance shi.

Wani amfani da ban zata ba shi ne firiza. Mofin mai tuffa ba ya wuce kwana 2 a waje, danshinsa yana da yawa, firij kuma busar da shi yake yi ya daskarar da laushinsa. Don haka rabi nake daskarewa, har wata 2 suna nan lafiya, in ɗauko biyu da dare su kwana a rufe, da safe in ɗan ɗumama. Kwanon ma da kansa yana shiga firiza ba ya tsagewa.

Da ƙanwata ta zo makon jiya ta tambaya, "Yaya, kin yar da na ƙarfen?" Na ce mata a'a, sabo ma zan saya na ƙarfe, don ranar da nake son ɓawo. Amma mofin ɗin tuffa a nata zan ci gaba da yi, tunda 12 nake zubawa 12 nake fitarwa. Ta ci biyu a tsaye, ta ɗaure huɗu a leda ta tafi da su.